Darasi: Wa Ke da Ikon Yanke Yawan 'Ya'yan da Za a Haifa? Abin da Ya Faru a Ƙasar Sin



Ba yau muka fara jin ana cewa mun yi yawa a ƙasar nan ba. Duk lokacin da abinci ya yi tsada, ko azuzuwan makarantu suka cika suka batse, ko samari suka rasa aikin yi, sai wani daga cikin manya ya tashi ya ɗora laifin a kan haihuwa. A shekarar 1988, zamanin mulkin Janar Ibrahim Babangida, gwamnatin tarayya ta fito da tsarinta na farko game da yawan jama'a, inda ta so kowace mace ta tsaya a kan 'ya'ya huɗu. Shawara ce, ba doka ba, ba a kuma hukunta kowa a kanta ba. A shekarar 2012 Shugaba Goodluck Jonathan ya faɗa a bainar jama'a cewa mai yiwuwa nan gaba sai an kafa doka a kan haihuwa. Ba a kafa ba. Amma maganar ba ta mutu ba, har yanzu kuwa akan ji mai ilimi, wani lokaci ma ɗan Ikkilisiya, yana cewa maganin talaucinmu shi ne a yi yadda ƙasar Sin ta yi.

Saboda haka ya dace mu san abin da ƙasar Sin ta yi, da abin da ta girba. Hausawa suka ce in ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa.

Asalin dokar

Gaskiya ta wajabta mu fara da cewa tsoron da shugabannin Sin suka ji ba tsoron banza ba ne. Lokacin da Jam'iyyar Kwaminis ta karɓi mulki a 1949, mutanen ƙasar sun kai wajen miliyan 540. Bayan shekara talatin sun doshi biliyan ɗaya, wato fiye da kashi ɗaya cikin biyar na mutanen duniya, alhali kuwa ƙasar noman da suke da ita ba ta kai kashi ɗaya cikin goma na ta duniya ba. Waɗanda ke mulki a lokacin sun ga yunwar 1959 zuwa 1961 da idanunsu, yunwar da ta hallaka mutane miliyoyi masu yawa, ko da yake ba haihuwa ce ta kawo ta ba, muguwar manufar noma ce ta gwamnatin Mao Zedong.

Akwai abu ɗaya da masu yabon dokar ba su cika faɗa ba. Tun kafin a kafa ta, haihuwa ta riga ta ragu ƙwarai. A cikin shekarun 1970 gwamnati ta matsa wa jama'a da kira iri uku: a jinkirta aure, a ba da tazara tsakanin haihuwa, a rage yawan 'ya'ya. A 1970, in an yi lissafin tsaka-tsaki, mace ɗaya tana haihuwar 'ya'ya kusan 6. Kafin 1979 lissafin ya sauko ƙasa da 3. Wannan kiran ma bai rasa tilas a cikinsa ba, amma ya bar wa iyali 'yar sarari.

Shugabannin da suka gaji Mao ba su gamsu ba, gama suna gaggawar bunƙasa arzikin ƙasa. A daidai lokacin ne wani masani mai suna Song Jian, wanda asalin aikinsa sarrafa makamai masu linzami ne, ya yi amfani da kwamfuta ya lissafa yawan da Sinawa za su kai nan da shekara ɗari in ba a taka musu birki ba. Lissafin ya firgita manya. Aka fara aiki da tsarin ɗa ɗaya a 1979, sa'an nan ranar 25 ga Satumba 1980 Jam'iyya ta fitar da buɗaɗɗiyar wasiƙa tana kiran kowane miji da mata su haifi ɗa ɗaya tak, da nufin kada jama'ar ƙasar su wuce biliyan 1.2 a shekarar 2000. Mu lura da wannan da kyau: mutumin da ya saba auna tafiyar ƙarfe a sararin sama shi aka saurara a kan sha'anin cikin mace. Lissafinsa ya ƙidaya bakunan da za su ci abinci, bai ƙidaya hannuwan da za su ɗauki tsoho in ya kasa tashi ba.

Yadda aka aiwatar da ita

Dokar ba ta zama iri ɗaya a ko'ina ba. A birane an tsananta ta sosai. Ƙananan ƙabilu an sassauta musu. A karkara manoma suka yi ta turjiya, har a 1984 aka yarda a larduna da yawa cewa wanda haihuwarsa ta fari mace ce yana iya sake gwadawa sau ɗaya. Za mu komo kan wannan sassaucin, gama akwai dafi a cikinsa.

Kafin mace ta ɗauki ciki sai ta sami takardar izini. A ma'aikatu da unguwanni da ƙauyuka akwai jami'an da aikinsu ke nan su riƙa bin diddigin matan aure, har lissafin al'adarsu ta wata-wata. Bayan haihuwar fari sai a sa wa mace abin hana ɗaukar ciki a mahaifa. Bayan ta biyu sai a yi wa ɗaya daga cikin ma'auratan aikin tsayar da haihuwa, yawanci kuwa matar ake yi wa. A shekarar 1983 kaɗai an yi wa mutum fiye da miliyan 20 wannan aiki, an kuma zubar da ciki wajen miliyan 14. A 2013 ma'aikatar lafiya ta ƙasar ta bayyana cewa daga 1971 an zubar da ciki miliyan 336. Ba duka ne aka yi bisa tilas ba, amma ba wanda ya isa ya ware na tilas daga na son rai a ƙasar da ƙin yarda ke jawo wa mutum korarsa daga aiki.

Wanda ya haifi ɗa ba da izini ba, sai a ci shi tara wadda takan ninka abin da yake samu a shekara sau da yawa. Mai hali ya biya ya wuce: shahararren mai shirya fina-finai Zhang Yimou ya biya fiye da yuan miliyan 7 a 2014 saboda 'ya'yansa uku. Talaka kuwa akan kwashe masa hatsi da dabbobi, a wasu wurare har a rushe masa gida. Yaron da ba a biya tararsa ba, ba a rubuta sunansa cikin rajistar gidaje, wanda kuwa ba ya cikin rajistar ba shi da makaranta, ba asibitin gwamnati, ba takardar aure in ya girma. Ƙidayar 2010 ta gano mutum wajen miliyan 13 da ba su cikin rajista, da yawansu kuwa laifinsu ɗaya ne, wato an haife su.

Me ya sa ƙananan jami'ai suka yi wannan rashin imani ga maƙwabtansu? Domin an ɗaura ƙarin girmansu da albashinsu a kan adadin haihuwar da aka yanka wa yankinsu. In adadin ya wuce, duk sauran aikin kirkin da jami'i ya yi ya tashi a banza. A 2005 wani makaho mai suna Chen Guangcheng, wanda ya koya wa kansa aikin lauya, ya tattara shaidar matan da aka zubar wa ciki da ƙarfi a yankin Linyi na lardin Shandong. Sakamakonsa ɗaurin shekara huɗu da wata uku. A 2012 kuma hoton wata mata a lardin Shaanxi, kwance kusa da gawar jaririyarta ta wata bakwai da aka fitar da ƙarfi domin iyalin sun kasa biyan tara, ya bazu a intanet, ya tayar da hankalin Sinawa da kansu.

Duk wanda ya san Littafi Mai Tsarki zai tuna da sura ta fari ta Littafin Fitowa. Fir'auna ya dubi Isra'ilawa, bai ga iyalai ba, sai yawa kawai ya gani, yawan kuwa ya ba shi tsoro. Ya umarci ungozomomi biyu, Shifra da Fu'a, su kashe jarirai maza a wurin haihuwa. Matan nan biyu suka ƙi, saboda tsoron Allah ya fi ƙarfin tsoron sarki a zuciyarsu. Abin lura ne cewa Littafin ya adana mana sunayen ungozomomin, bai kuwa damu ya faɗa mana sunan Fir'aunan ba. Paparoma Yohanna Bulus na Biyu, a wasiƙarsa Evangelium Vitae ta 1995, ya kwatanta masu iko na zamaninmu da ke tilasta wa matalauta rage haihuwa da wannan Fir'auna.

'Yan matan da suka ɓace

Fir'auna maza ya nufa. A ƙasar Sin mata ne suka ɓace, ba kuwa gwamnati ce ta ba da umarnin haka ba. A nan ne darasin ya fi shafarmu, don haka za mu ɗan dakata a kansa.

Bisa ga yadda Allah ya tsara halitta, a ko'ina cikin duniya akan haifi maza wajen 105 a kan kowace mata 100. A ƙasar Sin ƙidayar 1982 ta nuna maza 108. A 1990 suka kai 111, a 2000 kusan 117, a 2004 kuwa wajen 121. Irin wannan rata ba ta faruwa da kanta. Ina 'yan matan suka tafi?

A al'adar Sinawa, musamman a karkara, ɗa namiji shi ke riƙe sunan gida, shi ke gadon gona, shi ke yi wa kakanni hidima bayan sun mutu, shi da matarsa ke ɗaukar nauyin iyaye in sun tsufa. 'Ya mace kuwa ta gidan wani ce. Manomi ba shi da fansho, ɗansa ne fanshonsa. Muddin ana iya haihuwa da yawa, sai iyali su yi ta haihuwa har namiji ya zo. Da aka ce ɗaya ko biyu kawai, sai kowace 'ya mace ta zama kamar ta cinye gurbin ɗan'uwanta da ba a haifa ba. Sassaucin 1984 ya ƙara hura wutar, gama ma'anarsa a kunnen manomi ita ce gwamnati da kanta ta yarda cewa haihuwar mace ba cikakkiyar haihuwa ba ce. Ana cikin haka sai na'urar ɗaukar hoton ciki ta bazu har asibitocin ƙananan garuruwa. An haramta wa likitoci faɗa wa iyaye ko namiji ne ko mace, amma cin hanci ya fi haramcin ƙarfi. Aka zubar da cikin mata ba adadi. Waɗansu aka haife su aka ɓoye su wurin dangi ba rajista. Waɗansu aka yar da su a bakin kasuwa ko ƙofar gidan marayu. Daga 1992 zuwa 2024, lokacin da aka rufe wannan hanya, iyalai a ƙasashen waje sun ɗauki yaran Sin fiye da 160,000 riƙo, wajen rabinsu a Amurka, mafi yawansu kuwa mata ne.

Yaran nan maza da aka fifita sun girma, suka nemi matan aure, babu. Ƙidayar 2020 ta nuna maza sun fi mata yawa da kusan miliyan 35. Sinawa suna kiran irin waɗannan tuzurai da sunan da ke nufin reshen da ba ya tsiro. Kuɗin aure ya yi tashin gwauron zabi, ta yadda ɗan talakan ƙauye, wanda domin a same shi aka sadaukar da 'yan'uwansa mata, shi ne farkon wanda ya rasa mata. Masu fataucin mutane suka sami kasuwa, suna yaudarar 'yan mata daga Miyanma da Biyetnam da Koriya ta Arewa suna sayar da su.

Kada mu ɗora wa dokar abin da ba nata kaɗai ba. Indiya ba ta taɓa kafa dokar ɗa ɗaya ba, duk da cewa a zamanin dokar ta-ɓaci ta 1975 zuwa 1977 gwamnatin Indira Gandhi ta yi wa miliyoyin maza aikin tsayar da haihuwa, da yawa bisa tilas, abin da ya taimaka wajen kayar da ita a zaɓen 1977. Amma a jihohinta irin su Haryana da Punjab 'yan mata sun ɓace kamar yadda suka ɓace a Sin. Koriya ta Kudu ma ta kai maza 116 a 1990, sa'an nan ta dawo daidai bayan da darajar 'ya mace ta ɗaukaka a idon jama'a. Ashe doka ta iske zunubin ne a zuciyar mutane, ta ba shi wuƙa.

Gidan da ba kawu, ba goggo

Mu da muka tashi cikin gidan yawa zai yi mana wuya mu gane wannan. In ɗa tilo ya auri 'ya tilo suka haifi ɗa ɗaya, yaron nan ba shi da wa, ba ƙane, ba ya, ba ƙanwa. Ba shi da baffa ko kawu, ba goggo ko inna, ba taubashin da zai yi wasa da shi. Harshen Sinanci yana da wadatar sunayen dangi fiye da namu ma, yana bambanta wan uba da ƙanen uba, amma miliyoyin yara sun koyi waɗannan kalmomi ba tare da suna da wanda za su kira da su ba. Masana suna kiran wannan tsari huɗu, biyu, ɗaya: kakanni huɗu, iyaye biyu, jika ɗaya. Yana yaro, mutum shida ke tarairayarsa. In ya girma, shi kaɗai zai tallafi mutum shida.

In kuma ɗan nan tilo ya mutu fa? Ranar 12 ga Mayu 2008 girgizar ƙasa ta auka wa lardin Sichuan da rana tsaka, yara suna aji. Mutum kusan 70,000 suka mutu, cikinsu da 'yan makaranta fiye da 5,000 bisa ga lissafin gwamnati. Da yawa daga cikin iyayensu sun bi doka sun tsaya a kan ɗa ɗaya, waɗansu an riga an juya musu mahaifa, waɗansu shekaru sun ja. An ƙiyasta cewa iyalan da suka rasa ɗansu tilo a faɗin ƙasar sun kai miliyan ɗaya, har an ƙirƙiro musu suna na musamman. Luka ya ba mu labarin gwauruwar garin Nayin da aka fito da gawar ɗanta tilo, Ubangiji ya gan ta, ya ji tausayinta, ya tsayar da makara. Ya san abin da mutuwar ɗa tilo take nufi ga macen da ba ta da kowa. A Sin hukuma ce ta mayar da ɗa tilo ƙa'ida.

Da gwamnati ta so komawa baya

Tun a 2012 yawan masu shekarun aiki ya fara raguwa. A 2013 aka sassauta, a ƙarshen 2015 aka soke dokar ɗa ɗaya, daga 1 ga Janairu 2016 aka ba kowa izinin biyu. A shekarar an haifi yara kusan miliyan 18, daga nan sai adadin ya riƙa gangarowa. A 2021 aka ce uku. A 2022 an haifi miliyan 9.56, waɗanda suka mutu kuwa miliyan 10.41, wato jama'ar ƙasar sun ragu, karo na farko tun yunwar 1961. A 2023 Indiya ta wuce Sin a yawan jama'a. Ƙidayar 2020 ta sami mutum miliyan 264 masu shekara 60 zuwa sama, ga shi an tsufa kafin a gama yin arziki. A 2024 aka yanke shawarar ƙara shekarun ritaya, a 2025 kuma gwamnatin da dā take cin tarar mai haihuwa ta fara biyan yuan 3,600 a shekara ga kowane yaro da bai kai shekara uku ba.

Hukuma ta iya hana haihuwa da umarni, amma ta kasa dawo da ita da umarni. Shekara talatin da biyar ana koya wa mutane a makaranta da rediyo da rubutun bango cewa ɗa na biyu nauyi ne ga ƙasa, suka kuwa koya. Gidaje sun yi tsada, karatu ya yi tsada, matan da ya kamata su zama iyaye a yau su ne waɗanda ba a haifa ba jiya.

Gwamnatin Sin ta sha cewa ta hana haihuwar mutum miliyan 400. Masana da yawa, har da Sinawa, sun musanta wannan lissafi, domin ƙasashe irin su Tailan da Koriya ta Kudu sun ga haihuwa ta ragu kamar haka ba tare da irin wannan tilas ba, ta hanyar ilimin mata, da raguwar mutuwar yara, da ƙaura zuwa birane. A cikin Sin ɗin ma akwai shaida. Daga 1985 aka bar gundumar Yicheng ta lardin Shanxi ta gwada tsarin 'ya'ya biyu a asirce. Bayan shekaru aka duba, jama'arta ba su fi na sauran wurare ƙaruwa ba, yawan maza da mata kuwa ya fi kusa da daidai. Wato dai an sha wannan azaba duka a kan abin da zai iya samuwa ba tare da ita ba.

Abin da Ikkilisiya take koyarwa

Ikkilisiya ba ta jira ganin sakamako kafin ta yi magana ba. Majalisar Vatikan ta Biyu, a takardarta Gaudium et Spes ta 1965, ta koyar cewa yanke shawara a kan yawan 'ya'ya hakkin iyaye ne bisa ga lamiri mai kyau, ba shi yiwuwa a miƙa shi ga hukuma ta kowace hanya. A 1968 Paparoma Bulus na Shida, a wasiƙarsa Humanae Vitae, ya yi gargaɗi cewa ranar tana zuwa da gwamnatocin da ba su damu da dokar Allah ba za su ɗora wa jama'arsu hanyoyin hana haihuwa da ƙarfi. An yi masa dariya a lokacin. Shekara goma sha ɗaya kawai ta wuce.

Dalilin koyarwar shi ne iyali ya riga gwamnati zuwa duniya. Allah ne ya kafa aure, ba majalisa ba. Miji da mata abokan aikin Mahalicci ne wajen ba da rai, yaro kuwa kyauta ne, ba kayan da ake ba da lasisinsa ba. Wannan ba ya nufin gwamnati ta naɗe hannu. Katikisim na Ikkilisiyar Katolika, a sakin layi na 2372, ya yarda cewa hukuma tana da hakkin kula da yawan jama'arta ta wurin ba da bayani na gaskiya cikin girmamawa, amma ba ta hanyar tilas ba. Ta gina makarantu, ta sa 'yan mata a ciki, ta wadata asibitoci domin uwa ta tabbata ɗanta zai rayu, ta tanadi abin da tsoho zai dogara da shi. A babban taron Majalisar Ɗinkin Duniya kan yawan jama'a da aka yi a Alƙahira a 1994, wakilan Vatikan da na waɗansu ƙasashen Musulmi sun tsaya tare, har takardar ƙarshe ta amince cewa ba za a tallata zubar da ciki a matsayin hanyar tsara iyali ba.

To, mu fa?

Zai zama rashin gaskiya mu la'anci Bejin mu koma gida muna jin daɗin kanmu. In mun ce hakkin na miji da mata ne, to nauyin ma nasu ne, za su kuma ba da lissafinsa a gaban Allah. Ikkilisiya ba ta taɓa koyar da cewa a haifi iyakar abin da jiki zai iya ba. Wasiƙar nan ta Bulus na Shida ita ce kuma ta koyar cewa ma'aurata su dubi lafiyarsu, da abin hannunsu, da halin 'ya'yan da suka riga suka haifa, sa'an nan ko su karɓi iyali mai yawa da karimci, ko kuwa, saboda dalili mai nauyi, su jinkirta wata haihuwar na ɗan lokaci ko ma ba iyaka. Marigayi Paparoma Francis ya faɗi haka a fili a 2015, a hanyarsa ta dawowa daga Filifin, cewa zama Katolika na kirki ba ya nufin haihuwa kamar zomaye.

Mukan ce bakin da Allah ya tsaga ba ya hana shi abinci. Gaskiya ne, amma ta hannun uba da uwa Allah ya saba ba da abincin, Ubangiji kuma ya koya mana cewa mai son gina hasumiya yakan fara zama ya yi lissafi. A 2020 fiye da kashi ɗaya cikin huɗu na matan da suka mutu wajen haihuwa a duniya duka 'yan Nijeriya ne. Hukumar Lafiya ta Duniya tana ba da shawarar a jira aƙalla shekara biyu bayan haihuwa kafin wani cikin. Kakanninmu ba su karanta wannan ba, amma sun san shi: mace takan yi goyo har shekara biyu kafin yaye, kwanika kuwa abin kunya ne ga miji kafin matar. Hanyar da Ikkilisiya ta amince da ita, wato lura da kwanakin da mace ke iya ɗaukar ciki da kamewa a cikinsu, irin wadda likitocin nan John da Evelyn Billings na Ostareliya suka koyar, tana bukatar abu ɗaya da mazanmu da yawa ba su so, wato su zauna da matansu su yi shawara, su kuma kame kansu. Zubar da ciki da juya mahaifa domin hana haihuwa Ikkilisiya ta hana su, ko gwamnati ce ta tilasta, ko miji.

Tilas kuwa ba daga gwamnati kaɗai take zuwa ba. A cikin majami'unmu akwai matar da ta haifi mata huɗu, likita ya gargaɗe ta cewa wani cikin zai iya zama ajalinta, amma uwar miji da 'yan'uwan miji ba su bar ta ta huta ba sai ta kawo magaji. Akwai mutumin da aka ɗaura masa aure a gaban bagade, ya yi shekaru yana karɓar Jibi Mai Tsarki, sa'an nan ya ajiye alkawarinsa ya kawo mata ta biyu domin neman namiji. Akwai gidan da in an haifi namiji a yanka rago, in mace ce a ce Allah ya kawo na gaba. Tunanin da ya ɓatar da 'yan matan Sin ke nan, na'urar hoton ciki kuwa ta riga ta iso garuruwanmu.

Tushen abin a wurinmu, kamar a wurinsu, gado ne da tsoron tsufa. A Littafin Ƙidaya sura 27, wani mutum mai suna Zelofehad ya mutu ya bar 'ya'ya mata biyar, ba namiji. Suka je gaban Musa da shugabannin jama'a suka nemi rabon mahaifinsu, domin kada sunansa ya ɓace. Musa ya kai maganar gaban Ubangiji, Ubangiji kuwa ya ce 'yan matan suna da gaskiya, aka mayar da hukuncin ka'ida a Isra'ila. A ƙasarmu sai a 2014 Kotun Ƙoli ta yanke cewa al'adar da ke hana 'ya mace gadon mahaifinta ta saɓa wa tsarin mulki. Muna roƙon kwamitocin majami'u, da Zumuntar Mata, da ƙungiyar maza, su ɗauki wannan sura su karanta a taronsu na wannan wata, katikis kuma su sa ta cikin koyarwar masu shirin aure, iyayen ango suna zaune.